Ƙoƙon Sama

A Tawa ba mu cewa wata ya tsaya,
cewa muke an kafa ƙoƙo.
Siriri yake fitowa bayan tabkin Babaye,
baki sama, ciki wayam,
yana jiran abin da muka haɗiye da rana.

Maganar da ta kai maƙoshi ta koma,
gafarar da aka yi niyya ba a nema ba,
bashin da mai albasa ya ji kunyar tuna wa surukinsa,
da dare sukan bi hayaƙin murhu su hau.
Kwana goma sha huɗu yana tarawa, yana kaɗawa,
har su kama jiki kamar kindirmo,
su zama labari.
Daren cika, sai ya karkace.

Unguwar da ya zubo mata
takan wayi gari da sabuwar jiya.
Haka rijiyar Garkawa ta koma bayan masallaci,
guga da igiya da kwaɗin cikinta.
Haka Nomau makaho ya tashi yana ɗinkin hula,
kowa na rantsuwa tun yana yaro yake zura zare a allura.
Inna Tsahara kaɗai ke tunawa,
don takan kifa kwanon sha a kanta ta kwana.
Ta ce kunnen da bai ji ba, ba a sake masa gari.

Ni kuwa, wana Arzika ya tafi Abijan.
Ya aiko kwanon rufi,
ya aiko mini keken ɗinki,
ya aiko hoto, yana dariya, teku a bayansa.
Daga nan shiru, damina tara.

Sai na koyi rowar baki.
Kullum in kawo “da bai tafi ba” har bakin leɓe,
in mayar da ita da ruwan randa.
Wata uku ina ciyar da ƙoƙo.
Zara na gefen mijinta tana kallona,
kallon wadda ta san abin da ke cikin tukunya.

A na huɗu na ari kwanon Inna.
Tsakar dare na ji ya zubo,
ƙwal, ƙwal, kamar ruwan fari a kan rufi,
sai ƙarar ta mutu,
don rufin ya koma ciyawa.

Da asuba ga Arzika kan tabarma yana tari,
diddigensa duk faso,
yana tambaya ko da sauran fura.
Na rungume shi, ya ce lafiya?
Jiya ma ai tare muka ci tuwo.
Inda kekena yake, turmi ne zaune,
amma ƙafata ba ta ji labarin ba,
in na zauna sai ta riƙa taka iska.
Hoton ma yana nan jikin bango:
teku kawai, ba kowa a gabansa,
shi kuma ya ce kalandar kanti ce.

Yanzu da la'asar yakan tsaya bakin kwalta.
Duk motar da ta nufi Ƙonni, idonsa na raka ta
har ta zama ƙuda.
Ina ganin maƙogwaronsa ya hau, ya sauka.
Na san wannan haɗiya. Ni na fara ta.

Wata ya rame, gara ta cinye gefensa,
dare uku sama ba ta da kunne.
Jiya aka sake kafa ƙoƙo.
Muna zaune mu biyu, tabarma ɗaya, akushi ɗaya,
kowa na tauna abin da ba zai faɗa ba,
hayaƙinmu na hawa tare,
ban san na wa zai fi nauyi ba.

Ɗazu Inna ta aiko jikarta
wai in mayar mata da kwanonta.
Na wanke shi, na goge.
Har yanzu yana hannuna,
yarinyar kuma na tsaye bakin ƙofa
tana wasa da ƙasa da yatsan ƙafa.